Sunan Baba a Cikin Akwati

Mizhi, 3 ga Maris

Yaya Wenshan,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya. Ni ce Yulan, 'yar malaminka na algaita, in Beijing ba ta mantar da kai ba. Shekara talatin kana yi wa fina-finai kiɗa, kana karɓar lambobi, mu kuwa muna jin busar Baba tana fitowa daga talabijin da sunanka. Yanzu shekararsa tamanin da huɗu. Abu ɗaya yake so, ya ga sunansa a allon fim tun idonsa yana gani.

Ƙanwarka,
Yulan

Beijing, 20 ga Afrilu

Ƙanwata Yulan,

Bayan gaisuwa, saƙonki ya iso. Na ba da umarni, sunan Malam Qiao Maolin zai fito a sabon fim ɗina, sama da nawa. Ki miƙa masa gaisuwata cikin ladabi.

Dou Wenshan

Mizhi, 9 ga Oktoba

Yaya,

Ina gaisuwa. Mun kai Baba silima a birnin Yulin, sanye da sabuwar riga, da mota cike da maƙwabta. Awa biyu ya daure wa ciwon baya. Sunan ya fito, amma an zagaye shi da layi kamar akwati, yadda ake yi wa sunan mamaci. Maƙwabciyarmu Tsohuwa Gao ta dafa Baba ta ce, "Maolin, ashe ka mutu ba ka gaya mana ba?" Aka yi dariya, shi bai yi ba. Tun ranar bai taɓa algaita ba. Na ji kunya, na kuma tsane ka.

Yulan

Beijing, 15 ga Oktoba

Ƙanwata,

Ina gaida ku. Masu tsara sunaye ba su da laifi. Tun fim ɗina na farko 'yan jarida suka tambaye ni malamina, na ce ya rasu, don kada su je su ji busar daga bakinsa su gane tasa ce na ɗauka. Na manta ban taɓa janye maganar ba. Zan sa a goge layin.

Yayanki,
Wenshan

Mizhi, 28 ga Oktoba

Malam Dou,

Gaisuwa. Na karanta wa Baba. Ya ce a bar layin. A al'ada babban ɗalibi ke busa a jana'izar malaminsa, amma tunda ka riga ka binne shi, in ranar ta zo kada ka wahalar da kanka. Ya zaɓi wani.

Ka huta lafiya.
Qiao Yulan