Farar Alawar da Baba Ya Saya

Otaru, 5 ga Maris

Zuwa ga Yaya Shigeru,

Gaisuwa mai yawa da girmamawa, tare da fatan kana lafiya, kai da Anti Chizuru da yara. Duk safiya in na kunna turare gaban hoton Mama sai na roƙa muku lafiya. Nan ƙanƙara ba ta narke ba tukuna, Goggo Tomie kuma gwiwarta ta yi sauƙi.

Maganar Baba ce ta sa na ɗauki biro. Ka san al'adarsu: ranar masoya Mama ta ba shi cakulan, su tafi sinima kallon fim ɗin soyayya na barkwanci, ita tana dariya har da hawaye, shi yana ƙunƙuni wai shirme ne. Bayan wata guda cif, sha huɗu ga Maris, ranar da maza ke rama kyauta, ya kawo mata farar alawa. Shekara arba'in da ɗaya ba fashi. Bana ma daga gadon asibiti ta aike ni na sayo cakulan, ta miƙa masa tana tsokanarsa wai tsoho mai rowa, kada ya kuskura ya manta da tata. Kwana shida ta ƙara a duniya.

Tun da ka koma Sao Paulo bayan jana'iza, kullum sai ya sa kwat ya tafi kallon fim ɗin da ba su samu gani ba, da tikiti biyu. Jiya na bi shi. Wani wawan saurayi na ta ɓarar da miya a rigar budurwarsa, mutane na ƙyaƙyatawa, Baba kuwa ya karkata yana raɗa wa kujerar da ba kowa abin da ke faruwa, yadda ya saba tun da idon Mama ya yi rauni. Na kasa zama, Yaya, waje na fita na yi kukana.

Shinkafa cokali biyu yake ci. Ya ba maƙwabci kayan kamun kifinsa, ya kai kyanwa gidan Goggo. Da na yi masa faɗa sai ya yi murmushi, wai in daina surutu, saura abu ɗaya ya gama: alawar Mama tana aljihunsa, kuma bai taɓa ba wani ya kai mata ba, da kansa yake kaiwa.

Tsoro nake ji kada ya zama shirin bin ta yake yi. Ni ba ya jin maganata, taka yake ji.

Ka gaida Anti, da Kohei, da 'yar auta Sayo. Don girman Mama, ka iso kafin sha huɗu ga wata.

Ƙanwarka,
Fumie