Surukina Ya Manna Fuskar Mahaifiyata a Kwalbar Yaji

Zuwa ga Gwaggo Perel,

Don Allah ki agaza mini da shawara, kafin in aikata abin da zai raba ni da 'yata, ko in haɗiye abin da zai zame mini ciwo. Ban taɓa rubuto wa jarida ba. Mijina Irwin ma cewa ya yi in rufa wa kaina asiri, wai duk wanda ya karanta a unguwarmu zai gane mu. Na ce su gane. Na dai sauya sunayen masu rai, amma na mamata na bar su yadda suke, su ba na yi musu ƙarya.

'Ya ɗaya gare ni, Aviva. Ta auri wani yaro ɗan Kalifoniya, Spencer. Namu ne, Bayahude uwa da uba, sai dai a gidansu babu wanda ya san ko kalma ɗaya ta harshenmu na Yidish, kakanninsa tun saukarsu daga jirgin ruwa a Amurka suka watsar da harshen. Tun da ya shigo cikinmu yake tsintar kalmomi a bakina kamar yaro ya samu alawa. Da farko har daɗi nake ji. Wadda ya fi ƙauna kuwa ita ce tsuris, wato masifa. Ko furta ta bai iya ba, sai ya ce "suris", kamar mai kiran kyanwa. Kofinsa ya huce, tsuris. Bai samu wurin ajiye mota ba, tsuris. Wayarsa ta mutu, karensa ya yi gudawa, jirgin ƙasa ya yi latti, duk tsuris. Yana faɗa yana ɗaga kafaɗa yana watsa hannu, irin yadda 'yan wasan barkwanci ke kwaikwayon tsofaffinmu a talabijin. Ni dai na haƙura, saboda Aviva tana son abinta.

Ki fahimce ni, Gwaggo. A bakin mahaifiyata Fruma na koyi kalmar nan. Ita kaɗai ta tsira a gidansu daga kisan Yahudawa a yaƙin duniya na biyu, ta zo nan Brooklyn ba uwa ba uba ba ɗan'uwa, ta ƙare ƙuruciyarta a kan keken ɗinki. Idan Mama ta ce wance tana da tsuris, ba a tambayar mene ne. Tukunyar romo ake ɗauka a nufi gidan. Ko miji ya shanye, ko ɗa ya lalace, ko likita ya faɗi abin da ba a maimaitawa. Kalma ce da ake saukar da murya kafin a faɗe ta.

To bara Spencer ya ajiye aikinsa ya koma haɗa yaji na kwalba, barkono da tafarnuwa da ruwan kokwamba mai tsami, yana sayarwa a kasuwar Lahadi ga samarin nan masu gemu ba don addini ba. Sana'a ce.

Daren Asabar da ya wuce suka zo cin abinci kamar kullum. Na kunna kyandirori, Irwin ya yi addu'a a kan inabi da burodi, na zuba romon kaza. Sai ga Spencer ya miƙo mini wani abu a nannaɗe har da ƙyalle, yana washe baki, ya ce kyauta ce ta musamman. Na buɗe. Kwalbar yajinsa ce da sabon tambari. An rubuta da Turanci, da manyan jajayen haruffa, "Tsuris ɗin Kaka", a ƙasa kuma, "Cokali ɗaya, ka yi kuka." Ya shiga yi mini bayani cewa kala uku ne, akwai ƙaramin tsuris, akwai babba, sannan mafi zafi shi ne gehakte tsuris, wato abin da muke faɗa idan masifa ta hau kan masifa har ta daddatsa mutum. Wannan ma a bakina ya ji, ranar da maƙwabciyata ta binne miji tana jinyar ɗa.

A tsakiyar tambarin kuwa mahaifiyata ce. Hotonta, da baƙin ɗankwali, baki a murguɗe, idanu a kumbure. Sun zana hayaƙi yana fita ta kunnuwanta. Hayaƙi fa, Gwaggo. Matar da aka ƙone danginta kaf a sansanonin Turai, suka tafi a hayaƙi.

Kuma ba nan abin ya tsaya ba. Na san hoton. Wani ɗan'uwan Irwin ne ya ɗauke shi ranar da muka yaye mayafin dutsen kabarin ƙanena Hershel, kamar yadda al'adarmu take. Ƙwaya ce ta kashe shi bai kai talatin ba. A gidanmu ba a maganarsa, Mama ta hana tun tana raye, ni ma na saba. Abin da Aviva ta sani kawai shi ne tana da kawu da ya yi rashin lafiya ya rasu kafin a haife ta. Hoton yana cikin kwalin tsofaffin hotuna, tun tana ƙarama take kiransa "Kaka ta yi fushi", ta yi ta dariya, ni kuma in karɓe in mayar ƙasa. Ashe ta ɗauka ta ba mijinta. Fuskar da za a jera a kan tebur mutane su yi dariya su saya, fuskar uwa ce da ta tsallake wutar Turai ta zo ta binne ɗanta a Amurka.

Ina zaune ina kallon kwalbar, shi kuwa har ya buɗe wata ya ɗiga a romona, romon da Mama ta koya mini. Irwin, Allah ya shirye shi, ya kurɓa ya ce ai kuwa da daɗi. Na kwashi kwalaben na shiga kicin na tuttule su a wurin wanke-wanke, warin tafarnuwa ya turnuƙe gidan. Spencer ya biyo ni yana cewa shi fa karramawa ya yi niyya, wai so yake duniya ta san Kaka, wai ai kalmar tuni ta zama ta kowa, har a jaridu ana rubuta ta. Na so in gaya masa ranar da aka ɗauki hoton, wallahi na so, amma sunan Hershel ya ƙi fitowa. Abin da ya fito shi ne: "Kai ba ka san tsuris ba, yaro. 'Yata ce ta san shi, tunda kai ta aura."

Aviva tana bakin ƙofa, ta ji. Cikinta ya tsufa, haihuwa yau ko gobe. Ta ɗauki rigar sanyinta, suka fita ba su taɓa naman ba.

Tun ranar ba ta ɗaga wayata ba. Ta aiko ta bakin ubanta cewa sai na ba mijinta haƙuri. Ni! Jiya kuma wata 'yar majami'armu ta nuna mini a wayarta, ashe har riguna ya buga da fuskar, ranar Lahadi mai zuwa zai fara baje su. Duk lokacin da na tuna wani ƙato zai sa mahaifiyata a ƙirji yana zufa yana cin tsire, sai in ji amai. Ƙanwar Irwin ta ce in ɗauki lauya. Ni kuma zuciyata na raya mini in je kasuwar in kifar da teburin a gaban kowa. Irwin ya ce na cika ɗaukar abu da zafi, kalma ce kawai da hoto.

Gwaggo, ni ce na haukace, ko duniya ce ta daina jin ƙyama? Ya zan yi?

Uwar da zuciyarta ke tashi,
Midwood, Brooklyn

*

'Yar'uwata,

Ba ki haukace ba. Ni da ban san mahaifiyarki ba, da na kai wurin hayaƙin nan sai da na ture shayina gefe. Abin ƙazanta ne, kuma ba ya zama mai tsabta don wanda ya yi shi yana murmushi. Ki gaya wa Irwin na ce ba kalma ce kawai da hoto ba, ya kuma rage santi.

Amma kin haɗa abu biyu kin ɗaure da igiya ɗaya, kalmar da fuskar, alhali hukuncinsu daban.

Kalmar dai ba taki ba ce, ba ta mahaifiyarki ba ce ita kaɗai. Asalinta daga Ibraniyanci ne, tushenta ƙunci, wurin da ya matse mutum har ya rasa inda zai juya. Kuma jam'i ce, damuwoyi, domin kakanninmu ba su saba ganin guda ɗaya ta zo ita kaɗai ba. Da ta shiga Turanci sai ta yi sauƙi, ta koma abin da ake faɗa da ɗan murmushi, ciwon kai, takura, fitinar yara. Yanzu ɗan sandan da ba namu ba ma yana faɗarta, mai ba da labarin ƙwallo yana faɗarta. Wannan ba za ki iya dawo da shi ba, ni ma haka. Kuma bari in tuna miki abin da baƙin ciki ya mantar da ke: tsofaffinmu ma ba kullum suke saukar da murya ba. Tawa kakar da kalmar nan take kiran yaƙi, da ita take kiran ciwon ƙafarta da mai kifin da ya cuce ta. Mahaifiyarki ta keɓe ta don manyan abubuwa saboda abin da ta gani, wannan haƙƙinta ne. Yaron da ya taso ba harshe, ya zo teburinki yana kwasar abin da kakanninsa suka zubar, yunwa ce ke damunsa, ba raini ba. Yana ba da haushi, na yarda. Ki gyara masa furuci, ki bar masa kalmar.

Fuskar kuwa taki ce, a nan ba na sassautawa. Dole ta sauka daga kwalba da riga. Sai dai ki lura, Spencer bai san abin da ya manna ba, Aviva ma ba ta sani ba. Sun ga tsohuwa mai ɗaure fuska ne, domin abin da aka bar su su gani ke nan. Gidanku ya rufe maganar Hershel har 'yarki ta girma tana yi wa ranar makokinsa dariya ba da saninta ba. Ba ina ɗora miki laifi ba ne, umarnin uwa kika bi. Amma a kicin ɗin nan kina riƙe da magana ta gaskiya wadda da ta gama komai nan take, kika ajiye ta kika ɗauko mai dafi. Kin yi nufin suruki, 'yarki kika sara, a gaban mijinta, da tsohon ciki. Wannan jimlar kaɗai ce ke buƙatar ban haƙuri. Zubar da yajin, ni ban ga laifinki ba.

Ki manta da lauya, ki manta da kasuwa. In kika kifar da tebur, wani zai ɗauke ki a waya, ke ma ki zama tsohuwa mai fushi da ake yi wa dariya. Kafin Lahadi, da rana, ki je gidansu ke kaɗai, ba waya ba aike. Ki fara da Aviva: abin da na faɗa a kan aurenki ƙarya ne, ki yafe mini. Kada ki ƙara da "amma". Sannan ki zaunar da su biyun, ki faɗi sunan ƙanenki, yadda ya rayu, abin da ya kashe shi, da inda mahaifiyarki take tsaye lokacin da aka ɗauki hoton. Ki faɗi inda danginta suka tafi, ki bar shi ya kalli hayaƙin da ya zana da kansa. Ba sai kin ɗaga murya ba. Daga nan ki nemi abu ɗaya: a cire ta. Sunan yajin ki bar masa, ko da yana sosa miki rai, ya nemi barkono ya zana a wurin.

Idan yaron kirki ne, kuma daga wasiƙarki wawa na gani ba mugu ba, kafin ki gama zai rasa inda zai sa fuskarsa. In kuwa ya ji duka ya ce ai an riga an buga, to ki sake rubuto mini, lokacin zancen zai sauya. Ki kuma shirya wa fushin Aviva na biyu, na ɓoye mata kawunta da aka yi. Ki saurare ta, tana da gaskiya.

Allah ya sa tunawa da Fruma da Hershel ta zame muku albarka. Ya sauki 'yarki lafiya, ya sa kina cikin ɗakin.

Gwaggo Perel