Ƙafar Hagun Dewey

Daga wani otal a Ohayo

Yaya Loretta,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kina lafiya, ke da Baba da yara. Ki yi haƙuri da rashin bugo waya. Kin san halin da ake ciki: idan na tsare layin ɗakin nan da hira, wakilina mai nema min ƙungiya ya kira ya ji a rufe, shi ke nan wani ya samu gurbin.

Sun sake kirana! Ƙungiyar ƙwallon Amurka ta garin nan ce ta sa aka kawo ni gwaji ranar Talata. Yaya, da kin ga bugun da na yi. Ƙwallo ta tashi ta daɗe a sama har mai cafe ta ya gaji da ɗaga kai. Koci ma ya tsaya yana kallo har na gama. Sun ce in ƙara kwana biyu.

Na kasa zama wuri ɗaya. In kwanta, in tashi, in leƙa taga, in ɗaga kan wayar in ji ko tana aiki. Jakata na bakin ƙofa ban ma kwance ta ba. Kada ki faɗa wa Baba komai sai na sa hannu a kwantiragi. Ya idon nasa?

Ƙaninki,
Dewey

Daga gida, Nebraska

Auta,

Gaisuwa da fatan alheri. Muna lafiya, an fara girbin masara, Vernon mijina ba ya shigowa sai cin abinci.

Wasiƙarka ta iso, sai ga katinka a bayanta cewa sun sallame ka ranar Juma'a. Haba Dewey! Gari na huɗu ke nan a bana. Ni dai har yau ban gane wannan sana'a taka ba. Sai ƙungiyarka ta kasa kai ƙwallo gaba a fili sannan a ce kai zo ka doka ƙwallo nesa ka miƙa wa abokan karawa, 'yan kallo kuwa lokacin suke tashi sayen abinci. Kuma kowace ƙungiya mutum ɗaya tak take ɗauka. A kan wannan ka shekara shida kana yawo da jaka?

Ka tambayi ido, to ga gaskiya. Likita ya ce ba gyara, kafin kakar wasan nan ta ƙare ganin zai tafi. Duk Lahadi bayan coci Baba yana jan kujera har hancinsa ya kusa taɓa talabijin. Da an fito bugun nesa sai ya ce, "Loretta, da wace ƙafa ya buga?" Idan na ce dama, sai ya koma ya jingina.

Ka tuna shi ya ɗaura maka ƙaton takalmin gona a ƙafar dama tun kana ɗan mitsitsi, don dole ka koyi bugu da hagu? Wai ƙwallon bahago juyin baya take yi, tana kuɓuce wa masu cafewa, don haka ba za ka rasa aiki ba. Burinsa ɗaya ne, ya gan ka ka buga da idonsa. Ina jin tsoro, Dewey, lokaci na ƙurewa.

Yayarka,
Loretta

Daga Karolaina

Yaya,

Ina gaishe ku duka. Ki yi haƙuri da rubutun.

Nan ma sun kira ni, na yi ta bugu kwana uku. Jiya da aka tashi, yaron da ke cafe ƙwallon, wani mai surutu da ake kira Tyrell, ya dafa kafaɗata ya ce, "Tsoho, ka taimake ni fa! Ranar Lahadi da bahago za mu kara, kuma taka juyinta ɗaya da tasa. Yanzu ko ido rufe zan cafe."

Na ce, "Ni gwaji na zo."

Ya yi dariya, sannan ya ga fuskata, dariyar ta tsaya. Ya ce, "Au, ba su faɗa maka ba? Ai mai bugunmu lafiyarsa lau."

Na koma ɗaki na tuna garuruwan nan ɗaya bayan ɗaya. Yaya, duk ƙungiyar da ta kira ni, a makon da ta kira ni ɗin da bahago za ta kara. Dukkansu! Ashe ba ni ake gwadawa ba. Aro na ake yi, kamar yadda Vernon ke aron injin maƙwabci ya gama aiki ya mayar. Ƙafar da Baba ya gina min, da ita nake koya wa mutane yadda za su cafe ba kuskure.

Kunya ta ishe ni, ga haushi. Amma abin takaicin, har yanzu ina zaune kusa da waya. Na ce wa wakilina ya ci gaba da nema, ko wani zai ji rauni. Ji fa abin da na koma, ina fatan ƙafar wani ta karye. Don Allah kada Baba ya ji wannan.

Dewey

Daga gida

Auta,

Muna gaishe ka. Ka ce kada Baba ya ji, to ya ji. Ya tsare ni a kicin ya ce in karanta masa kaf, kada in tsallake ko layi ɗaya. Da na kai wurin maganar Tyrell sai ya tashi yana lalube ya fita bayan rumbu. Na bi shi na same shi tsaye, ya ɗaga kai sama. Ya ce in kawo takarda. Ga maganarsa yadda ya faɗa:

"Dewey, ɗana. Talabijin ta ƙare min tun makon jiya, ban faɗa wa yayarka ba ne. Haske kawai nake gani yana motsi. Ko yau suka ɗauke ka, sai dai a ba ni labari. Amma da safe, idan gari ya yi wasai, ina iya ganin baƙin abu a sama. Ɗazu na ga hankaka ya wuce. Idan na ga hankaka zan ga ƙwallo. Ban san ko safiya nawa suka rage min ba. Ba na cewa ka bar aikinka. Na dai faɗa maka abin da nake gani."

Shi ke nan abin da ya ce. Ni kuwa ina cewa ka taho. Kuka nake yi, kuma ba na jin kunya.

Loretta

Daga Karolaina

Yaya,

Gaisuwa. Wasiƙarki ta same ni da safe, wakilina ya kira da rana. Wata ƙungiya a yamma na so in hau jirgi yau. Na tambaye shi, da wa za su kara ranar Lahadi? Ya faɗa min. Mai bugun waɗancan da dama yake bugu, Yaya. Mai bugun ƙungiyar da ta kira ni ne ya karye a gwiwa. Wannan karon ni suke nema.

Na zauna a bakin gado har rana ta juya. Sannan na kira wakilin na ce masa ina da wanda zan buga wa a Nebraska. Ya ce na haukace, ba za a sake kira ba. Na san haka.

Ƙwallaye na cikin mota. Wayar na ta ƙara lokacin da na ja ƙofar ɗakin. Ƙila in riga takardar nan isowa. Idan ta riga ni, ki sa Vernon ya yanke ciyawar bayan rumbu, ki kai kujerar Baba can. Ki zaunar da shi ya ba rana baya.

Ƙaninki,
Dewey