Waɗanda Aka Ajiye wa Macaria

Oaxaca, 3 ga Agusta

Gwaggo Herlinda,

Gaisuwa mai yawa. Wasu Turawa biyu sun sauka a masaukin da nake aiki, suna son cin laimar kwaɗin nan mai tsarki da kike yi wa mutane magani da ita a hannunki, su ɗauki hoto. Na riga na ce musu gwaggona tsohuwar malamar makaranta ce, wayayya. Kar ki ba ni kunya.

Ɗanki, Fidencio

Huautla, 9 ga Agusta

Ɗana Fidencio,

Bayan gaisuwa. Shekara talatin na yi ina koyarwa, ban taɓa cin karo da littafin da ya ce mai lafiya ya sha magani domin kallo ba. Tambaye su ina ke yi musu ciwo.

Bana ruwa ya yi ƙaranci. Laimar kwaɗin kaɗan ne suka tsiro a bayan gonar kofina, kuma na maƙwabciyata Macaria ne, wadda ba ta furta kalma ba tun da aka binne ɗanta. Ta fara kiyaye kwanakin tsarki da ake yi kafin a ci su. Baƙinka su nemi abin kallo a kasuwa.

Ka huta lafiya.
Herlinda Pineda

Oaxaca, 14 ga Agusta

Gwaggo,

Ina gaisuwa, kuma a yi haƙuri. Ranar Lahadi mun zo kina coci, na kai su bayan gonar. Rabi kawai suka ɗauka. Na Macaria ma mun tsinko, ga su nan na ba direban mota ya kawo miki, na wanke su tas na zuba a leda. A hanya mun ɗan tsaya masu jana'iza suka wuce, amma ai ba komai.

Naki, Fidencio

Huautla, 16 ga Agusta

Fidencio,

Saƙonka ya iso. Da asuba ake tsinkarsu, a naɗe su cikin ganyen ayaba da ƙasarsu, kuma ba a haɗa su da gawa a hanya. Kakarka ta koya maka wannan da bakinta. Abin da ka aiko ba ya warkar da kowa. Na mayar da shi ƙasa. Macaria ta tsaya tana kallona har na gama rufewa.

Akwai wani wuri inda suke tsirowa, tafiyar yini guda a kan dutse. Jibi zan hau ni kaɗai, na ɗebo mata. Kai na yi niyyar nuna wa shi kafin na mutu. Na fasa.

Ka gaida matarka.
Herlinda Pineda