Ni Na Musanya Kofin Desmond

Anti Noelene, ki taimake ni, na rasa inda zan sa kaina.

A 1967 ina aiki a wani ɗakin binciken halayyar ɗan Adam a Melbourne. Ana gwajin LSD, wani magani mai sa gane-gane, a kan masu sa kai: wasu a ba su ruwa mai magani, wasu ruwa zalla, ni kaɗai na san wane kofi ne wane. Ƙanena Desmond ya shiga, ƙuri'arsa ta faɗa kan ruwa zalla. Ya yi ta yi mini magiya, wai abokansa duk sun ga abin da suka gani ban da shi. Na musanya kofin, na bar takardar rajistar gwajin yadda take.

Bai ƙara dawowa daidai ba. Ya ɗan samu sauƙi har ya yi aure a Nimbin, amma ya rasu yana jin muryoyi.

Bana shugaban binciken, tsoho mai son a yabe shi, ya fitar da tarihin rayuwarsa. Ya rubuta cewa yaron ruwa kawai ya sha, ciwon a jininsu yake. Kirralee, 'yar Desmond, ta karanta. Shekararta talatin da takwas, ta gaya wa mijinta ta fasa haihuwa don kada 'ya'yanta su gaji ciwon. Ita kaɗai ta rage mini, ita ke kawo mini miya duk Lahadi. Idan na faɗa na rasa ta, idan na yi shiru na cuce ta. Wallahi na tsani kaina.

Mai Zuba Ruwa, Lismore

Baiwar Allah, na tausaya miki. Yarinya ce ke a lokacin, kuma waɗanda suka bar ki ke kaɗai da kofunan su ma suna da nasu laifin. Ban ce maganin kaɗai ya jawo ciwon ba, wani lokaci abin da ke kwance yake tayarwa. Likita ne zai auna wannan, amma ba zai auna da takardar ƙarya ba.

Ki gaya wa Kirralee kafin ki rubuta wa shugaban binciken. Mai yiwuwa ta yi fushi, mai yiwuwa ta daina zuwa, ba zan yi miki alkawarin yafiya ba. Amma kin taɓa zaɓar wa mahaifinta kofi, kada ki zaɓar mata. Lokaci na ƙure mata.

Ranar Lahadin nan, kafin ta buɗe kwanon miyar. Allah ya ba ki ƙarfin zuciya.

Anti Noelene