Rijiyar Kakana da Jan Fentin Kwamitinku

Zuwa ga Shugaban Kwamitin Filaye da Hanyoyi na yankinmu,

Assalamu alaikum. Ranka ya daɗe, ina gaisuwa, da fatan kana lafiya kai da iyali.

"Madam, ki gaya wa tsohuwa ta kwashe kayanta, katafila ba ta jiran kowa." Abin da ma'aikacinka ya ce mini ke nan, yana shafa jan fenti a katangar gidanmu da ke Zangon Salaga. Ni malamar sakandare ce a Yendi, tsohuwar da yake nufi kuwa mahaifiyata ce, Mma Adisa.

Na farko, batun rijiyar. Kakana ne ya haƙa ta a cikin filinsa, bai kuma taɓa hana kowa ruwa ba. Bagonje da Badagombe da Bahaushe duk gugansu ya shiga ciki, domin ya ce sadaka ce. Da wani yaron maƙwabta ya faɗa ciki, Allah ya kiyaye aka ciro shi da rai, sai muka zagaye ta da katanga haɗe da bangon ɗakin Mma, muka sa ƙyaure marar kwaɗo. Yanzu kwamitinku ya ce tunda kowa na ɗiban ruwan, rijiyar da hanyar zuwa gare ta filin jama'a ne, mu ne muka ci iyaka. Layin da safiyonku ya ja ya bi ta tsakiyar gadon Mma. Na yi jami'a, amma ba a koya mini cewa wanda ya ciyar da baƙo ya rasa tukunyarsa ba. Wataƙila ranar ban je aji ba.

Na biyu, maganar tana gaban kotu, alƙali kuma ya ce kada a taɓa komai sai ya yanke hukunci. Bayan nan ne fentinku ya zo. Ban sani ba ko bango ba ya cikin komai.

Na uku shi ne ya sa na rubuto. Tsoro nake ji, ranka ya daɗe. Tun da aka yi alamar nan, matan da suka saba durƙusawa su gaida Mma sai su ɗebi ruwanta su wuce ba sallama. Samari sun jefi kwanon rufinmu da rana tsaka, suna kiranta ɓarauniyar rijiya. An ɓalle ƙyauren, yara sun koma wasa a bakin ramin. Mma ba ta ji sosai, gwiwoyinta kuma sun gaji. Bayan azahar takan kwanta jikin bangon nan. In katafila ta zo a lokacin, direba ba zai san tana ciki ba, ita ma ba za ta san ya zo ba. Na roƙe ta ta bi ni Yendi, ta ce a ɗakin nan mijinta ya cika, ba mai fitar da ita sai makara.

Roƙona kaɗan ne. A dakatar da rusau har kotu ta yi magana. A goge fentin, ko a aiko mutum ya shaida wa unguwa a gaban Sarkin Zango cewa ba a same mu da laifi ba tukuna. A mayar da ƙyauren saboda yara. Ruwa kuwa kowa ya ci gaba da ɗiba, ba mu taɓa cewa a daina ba.

Allah ya ƙara maka lafiya, ya sa ka gama aikinka da mutunci, ya tsare mahaifiyarka a ɗakinta.

Hutuna ya ƙare, ɗalibai na jirana. Yau da na yi wa Mma sallama ba ta rako ni ba. Ta rufe ƙofa, na ji tana jan turmi tana tokare ta daga ciki. Na tsaya har ƙarar ta daina, sannan na nufi tasha, inda nake rubuta maka wasiƙar nan.

Wassalam.

Fusaina,
Zangon Salaga