Ƙunshi Uku Daga Gozaki

Daga Barakatu 'yar Malam Isyaku, Gozaki, zuwa ga ƙanena Malam Sanda, mai yi wa alƙali rubutu a Dayi.

"Wallahi Yaya, kafin Juma'a zan kai maganar Marka gaban alƙali." Haka ka ce a zauren Baba, hannunka a kan littattafansa. Juma'a biyu ta wuce. Bayan wannan, ina gaishe ka, ina gaida iyalinka.

Tun da ka manta, bari in tuna maka. Furen wake yana zuba a gonakinmu, ba ya ƙulla 'ya'ya. Mutane sun tuna yunwar da muka binne yara a cikinta, sun firgita, sun ce Marka Bamagujiya ta kama kurwar gonaki, don an gan ta tana tsinkar fure da sassafe. Ni na aike ta, Sanda. Ni ba na fita, ita ke kawo mini.

Na shimfiɗa farin mayafi na kaɗa furen a kai. Ƙwari ne, ba su kai ƙwarƙwata ba, sirara kamar wasalin rubutu. Da tabaran Baba na duba su. Baƙaƙe suna cikin furen wake. Masu ruwan ƙasa suna bayan ganyen auduga. Akwai kuma wasu jaja-jaja marasa fiffike, ina zaton 'ya'yan baƙaƙen ne. Manyan duka fiffikensu na da geza kamar bakin rawani, shi ya sa na haɗa su gida ɗaya, ba dangin gara ba, ba na ƙuda ba. Na ƙunshe kowane iri a takardarsa, na rubuta siffarsa, na damƙa maka.

Jiya sun ƙone rumbun Marka. Sun ce in furen bai daina zuba ba, ita ce ta gaba. Tana bayan gadona, ko tari ba ta yi. Ina ƙunshina?

Allah ya bar zumunci. Wassalam.

Daga Sanda zuwa ga babbar yayata, Malama Barakatu. Gaisuwa mai yawa, da ladabi, da neman gafara.

Yaya, ki karanta a hankali. Takardun nan kin naɗe su naɗin laya, kusurwa huɗu, kin ɗaure da zare. Ina zaro alƙalami a zauren alƙali suka faɗo daga gafakata. Jibo dogari ya buɗe ɗaya, ya ga rubutu da matattun ƙwari, ya saka salati ya ja da baya. A makon ne kuma waken Dayi ya fara zubar da fure. Jama'a suka taru a kaina: "Malam, wa ya ba ka wannan? Gonar wa za a binne shi?" Na faɗi sunanki. Na jefa takardun a wuta gaban kowa.

Gaskiyarki ce, Yaya. Na kaɗa furen gonata a kan rigata, na gan su suna tafiya, baƙaƙe da jaja-jaja, yadda kika rubuta. Amma in na buɗe baki yanzu za a ce bakinmu ɗaya, kuma ina da 'ya'ya biyar. Ki sallami Marka ta tafi wajen danginta a Tsiga. Wannan takarda kuma, don Allah, ki ƙone ta.

Ina durƙushe ina gaishe ki. Wassalam.

Daga Barakatu zuwa ga Sanda. Sallama.

Ban ƙone ba.

Naɗin da Baba ya koya mana shi kaɗai na iya, kai ma da shi kake naɗe wasiƙunka. Labari ya riga takardarka isowa. An janye 'yan matan da nake koya wa karatu. Ladidi, wadda na karɓi haihuwarta sau uku, ta tofar da yawu a ƙofata. Ɗazu an jefo dutse ya fasa randa. Marka kuwa, in ta fita ba za ta kai rafi ba, balle Tsiga.

Ina jiranka har la'asar ɗin Alhamis, ka zo ka faɗi abin da ka gani da bakinka. In ba ka zo ba, ranar Juma'a zan fita, ni da shekara ashirin rana ba ta gan ni a waje ba. Zan shimfiɗa mayafina a ƙofar masallaci, in ce kowane magidanci ya tsinko fure daga gonarsa, ya kaɗa da hannunsa. Ko su duba, ko su jefe ni. Amma kafin dutsen farko, zan karanta musu takardarka da ƙarfi, har wurin da ka ce in ƙone ta.

Ka gaida yaran, su biyar. Wassalam.